Tarayya, Guzuri ko Narkarwa: Yadda Za a Zaɓa wa Kowane Fayil na Laburare Matsayinsa

Duk wanda ya taɓa girka manhaja a kwamfuta ta ƙi tashi, ta jefo masa saƙon cewa ba a sami VCRUNTIME140.dll ba, ko kuma a Linux ta ce libssl.so.1.1 ya yi ɓatan dabo, to ya ɗanɗana sakamakon wata shawara da mai rubuta manhajar ya yanke tun kafin ta bar hannunsa. Shawarar ta shafi inda manhajar za ta samo laburarenta. Abin da ake nufi da laburare a wannan fanni shi ne fayil mai ɗauke da umarnin da aka riga aka rubuta domin wani aiki da manhajoji da yawa ke buƙata, kamar matse bayanai, buɗe hoto, zana taga a allo, ko kulle saƙo kafin ya bi ta intanet. A Windows sunan irin wannan fayil yana ƙarewa da .dll, a Linux da .so, a macOS kuwa da .dylib.

Hanyoyi uku ne a gaban mai rubuta manhaja. Ta farko ita ce tarayya: manhajar ta fito ba tare da laburaren ba, ta jingina da kwafin da ke cikin tsarin sarrafa kwamfutar, wanda ita da sauran manhajoji ke amfani da shi tare, kamar yadda gidajen unguwa ke ɗiba daga rijiya ɗaya. Ta biyu ita ce guzuri: laburaren yana nan a matsayin fayil mai zaman kansa, amma manhajar ta zo da nata kwafin a cikin foldarta, ba ta kula na tsarin. Ta uku ita ce narkarwa: tun a lokacin harhaɗa manhajar ake ɗebo sassan laburaren da take buƙata a zuba su cikin jikinta, ta yadda a ƙarshe babu wani fayil na daban da za a nema. Masu sana'ar sun daɗe suna jayayya kan wacce ta fi, kuma kowane ɓangare yana da hujjar da ta samo asali daga wata wahala da aka sha. A ganina jayayyar ta yi tsawo ne domin ana neman hukunci ɗaya a kan abubuwa mabambanta. Manhaja guda takan dogara da fayilolin laburare goma ko ashirin ko fiye, kuma ba duka ne suke aji ɗaya ba. Idan aka fara da rarraba su, aka tambayi kowane ɗaya waye mai shi kuma waye zai yi masa faci ranar da aka gano ɓaraka a cikinsa, sai a tarar yawancin zaɓin ya warware da kansa, abin da ya rage na ainihin tunani kaɗan ne.

Ajin farko: kayan tsarin kansa

Akwai fayilolin da su ne ƙofar shiga tsarin, kuma a kansu babu wani zaɓi na gaske. A Windows su ne irin su ntdll.dll, kernel32.dll, user32.dll, gdi32.dll da advapi32.dll. Dalilin da ya sa ba a guzurinsu kuma ba a narkar da su shi ne lambobin da manhaja ke kiran zuciyar Windows da su, wato ɓangaren tsarin da ke sarrafa na'urar kai tsaye, suna canjawa daga siga zuwa siga, kuma waɗannan fayiloli ne kaɗai suka san lambobin da suka dace da kwamfutar da suke zaune a kai. Windows yana ma riƙe da jerin sunaye a rajistarsa, mai suna KnownDLLs, kuma duk fayil da ke cikin jerin daga ma'ajiyar tsari ake ɗauko shi, ko da an ajiye wani mai sunansa a foldar manhaja. Kamfanin Apple ma haka ya tsaya a kan libSystem, ba ya goyon bayan manhajar da ta narkar da shi, kuma tun daga macOS Big Sur na 2020 fayilolin laburaren tsarin ba sa ma bayyana ɗaya-ɗaya a faifai, an dunƙule su cikin babbar ma'ajiya guda da mai lodin tsarin ke karantawa. Android ya bi sahu a siga ta 7.0 a 2016, inda ya hana manhajoji jingina da fayilolin cikin gida waɗanda ba a ayyana su a matsayin na kowa ba.

Yana da kyau a tsaya kan wani abin ruɗani a Windows mai bit 64, domin yana cikin abubuwan da suka fi jefa masu gyara cikin kuskure. Foldar System32, duk da lambar da ke jikin sunanta, ita ce ke ɗauke da fayilolin bit 64, yayin da SysWOW64 ke ɗauke da na bit 32. An bar tsohon sunan ne saboda ɗimbin manhajojin da suka haddace shi, sai aka sa tsarin ya riƙa karkatar da manhajar bit 32 zuwa SysWOW64 a asirce duk lokacin da ta nemi System32. Mutumin da ya sauko da wani fayil daga shafin da ke raba DLL kyauta ya jefa shi a foldar da sunanta ya yaudare shi, sau da yawa abin da yake samu shi ne kuskure mai lamba 0xc000007b, wanda yawanci ke nuna an gwama bit 32 da bit 64. Wannan kuwa shi ne mafi sauƙin abin da zai iya faruwa, tunda babu wanda ya san abin da aka cusa a cikin fayil da aka tsinto a irin waɗannan shafuka. Fayil na wannan aji idan ya lalace, umarnin sfc /scannow ne ke maido da shi daga ma'ajiyar WinSxS.

A Linux lamarin ya ɗan bambanta, domin zuciyar tsarin tana riƙe alkawarin rashin canja hanyoyin kiranta, shi ya sa manhajar da aka narkar da komai a cikinta take iya aiki shekara da shekaru. Duk da haka akwai fayilolin da dole a bar wa kwamfutar mai amfani, musamman na zane irin su libGL da abokan tafiyarsa, domin suna ɗaure da direban katin hoton da ke cikin na'urar, kuma mai rubuta manhaja ba shi da hanyar sanin ko na Intel ne ko na AMD ko na Nvidia. Masu tsarin AppImage, wata hanyar raba manhajar Linux a fayil ɗaya, waɗanda aikinsu kacokan shi ne guzuri, su ma suna da jerin fayilolin da suka ce kada a saka a cikin ƙunshi, kuma glibc, laburaren tushe na Linux, da libGL suna ciki.

Aji na biyu: kayan harshen da aka yi rubutu da shi

Nan ne ake samun yawancin saƙonnin kuskuren da mutane ke gani. Duk manhajar da aka rubuta da C ko C++ tana buƙatar wani laburare na tushe da ke kula da abubuwa kamar rabon ma'adana (RAM), karanta fayil da sarrafa rubutu, kuma wannan laburare yana tsakiya: ba na tsarin ba ne gaba ɗaya, ba kuma na mai manhajar ba ne.

A Windows, shekaru da dama kowace fitowar Visual Studio, manhajar harhaɗawa ta Microsoft, takan zo da nata: msvcr100.dll na 2010, msvcr110.dll na 2012, msvcr120.dll na 2013, kuma babu wanda ke maye gurbin wani. Shi ya sa idan aka buɗe jerin manhajojin tsohuwar kwamfuta ake ganin layi-layi na Visual C++ Redistributable, har wasu su ɗauka tarkace ne su goge, washegari wata manhaja ta daina tashi. Daga 2015 Microsoft ya raba kayan gida biyu. Ɓangaren da ake kira Universal CRT, wato ucrtbase.dll, ya zama na Windows 10 kansa, ya koma ajin farko ke nan, sabuntawar Windows ce ke kula da shi. Sauran, wato vcruntime140.dll da msvcp140.dll, sun ci gaba da zama a ƙunshin da ake girkawa daban, amma ƙunshi ɗaya ne ke ɗaukar manhajojin da aka harhaɗa da sigogin 2015, 2017, 2019 da 2022, muddin wanda aka girka bai girmi wanda aka yi harhaɗawar da shi ba.

Duka hanyoyin uku a buɗe suke a nan. Wanda ya harhaɗa da alamar /MD ya zaɓi fayil na daban, daga nan ko dai ya sa mai girka manhajarsa ya fara girka ƙunshin Microsoft, wato tarayya, ko ya ajiye fayilolin kusa da manhajar, wato guzuri. Wanda ya harhaɗa da /MT ya narkar. Microsoft da kansa tarayya yake ba da shawara, domin ita ce ke ba shi damar yin faci sau ɗaya ya isa kowa. Ga babbar manhaja mai mai-girkawa, wannan shawara daidai ce, da sharaɗin a saka ƙunshin a cikin kayan girkawar maimakon a ce wa mai amfani ya je ya sauko da shi. Wannan sharaɗi yana da nauyi ga duk wanda masu amfani da manhajarsa ke karɓarta ta filashi daga hannu zuwa hannu, ko suke zaune inda intanet ke zuwa ta ɗauke, domin a wurinsu umarnin "je ka sauko" daidai yake da a ce manhajar ba ta aiki. Ga ƙaramar manhaja mai fayil ɗaya tilo, narkarwa ta fi dacewa. Inda narkarwa ke zama tarko shi ne manhajar da ta ƙunshi DLL da yawa na kanta: kowane ɗaya zai sami nasa kwafin laburaren tushe, da nasa lissafin fayilolin da aka buɗe da nasa saitunan, kuma miƙa buɗaɗɗen fayil daga wannan zuwa wancan yana iya rushe manhajar ta hanyar da ke da wuyar bincikowa.

A Linux mai wannan matsayi shi ne glibc, wanda sunansa na aiki libc.so.6 bai canja ba tun 1997. Abin da ya ba shi damar daɗewa haka shi ne kowane aiki a cikinsa yana ɗauke da lambar siga, sabon laburare kuma yana ajiye tsofaffin ayyukan tare da sababbi. Sakamakon haka hanya ɗaya ce take ɓullewa: manhajar da aka harhaɗa a tsohon tsari tana aiki a sabo, amma wadda aka harhaɗa a sabo ba lallai ta yi aiki a tsoho ba. Wanda ya harhaɗa a reshen Linux na Ubuntu 24.04, mai glibc 2.39, ya kai wa mai Ubuntu 20.04, mai glibc 2.31, kusan tabbas zai ga ƙorafin cewa ba a sami GLIBC_2.34 ba, domin a siga ta 2.34 ta 2021 aka sabunta lambar aikin da ke tayar da kowace manhaja. Maganin da ya tabbata shi ne a yi harhaɗawar a kan mafi tsufan tsarin da ake son tallafawa. Haka masu raba ƙunshin Python suka yi da ma'aunin manylinux2014, wanda aka kafa a kan CentOS 7 da glibc 2.17.

Narkar da glibc kuwa abu ne da ke yiwuwa a takarda amma yake ba da kunya a aikace, domin ko an narkar da shi, da zarar manhajar ta nemi fassara sunan shafi zuwa adireshi ko ta nemi bayanin mai amfani, sai ya koma yana loda wasu fayilolin tarayya daga tsarin, kuma yana son su dace da sigar da aka narkar. Wanda ke son fayil ɗaya tilo a Linux, musl ya fi masa, wato ƙaramin laburaren tushe da Alpine Linux ke amfani da shi, wanda aka tsara tun farko domin ya narku lafiya.

Aji na uku: kayan waje

Sai fayilolin da wasu mutane daban suka rubuta, irin su zlib na matse bayanai, OpenSSL na kulle sadarwa, libpng da libwebp na hotuna, SQLite na adana bayanai, da Qt na gina fuskar manhaja. A nan ne zaɓin yake da ainihin nauyi, kuma tarihi ya ba kowane ɓangare abin kafa hujja.

Masu ƙin tarayya suna tuna shekarun 1990, lokacin da kowace manhajar Windows kan kwafe fayilolinta cikin foldar tsari, ta danne duk abin da ta tarar, sabo ne ko tsoho. Mutum zai girka wasa, sai manhajar lissafin ofishinsa ta mutu, ba tare da wata alaƙa da ido zai gani ba. Masu sana'ar sun laƙaba wa wannan hali suna jahannamar DLL. Windows 2000 ya zo da kariyar da ke hana danne fayilolin tsari, Windows XP kuma a 2001 ya kawo hanyar ajiye sigogi da yawa na laburare ɗaya gefe da gefe, amma darasin da masu rubuta manhajar Windows suka riƙe shi ne kowa ya riƙe kayansa a foldarsa, kuma har yau haka al'adar take. Linux ya kauce wa wannan ta hanyar tsarin suna mai hawa uku. Fayil na ainihi yana ɗauke da cikakkiyar lamba, misali libz.so.1.3.1, sunan da manhaja ke nema lokacin tashi shi ne libz.so.1, wanda ke nuni kawai zuwa na ainihin, sai libz.so maras lamba, wanda mai harhaɗawa kaɗai ke buƙata. Lambar da ke jikin libz.so.1 ɗin nan alkawari ce: muddin ba ta canja ba, sabon fayil zai ɗauki tsohuwar manhaja. Ranar da aka karya alkawarin sai a canja lambar, kamar yadda OpenSSL ya tashi daga libssl.so.1.1 zuwa libssl.so.3. Tsarin yana hana danne-danne, amma ba ya tilasta wa kowa ya ci gaba da ajiye tsohon. Ubuntu 22.04 ya zo da OpenSSL 3.0 kaɗai, sai duk manhajar waje da ke neman 1.1 ta tsaya cik.

Masu goyon bayan tarayya kuma suna da nasu ranakun. A watan Maris na 2002 aka gano ɓaraka a zlib 1.1.3, aka fitar da gyara a 1.1.4, amma sai aka tarar manhajoji masu yawan gaske sun narkar da kwafinsa a jikinsu, dole aka bi su ɗaya bayan ɗaya ana tono. A Satumban 2004 irin haka ta faru da gdiplus.dll, inda hoton JPEG da aka shirya da mugun nufi ke iya ƙwace kwamfuta. Da yake manhajoji da dama sun yi guzurin fayil ɗin, facin Windows bai wadatar ba, har sai da Microsoft ya fitar da wata manhaja ta musamman domin taimaka wa mutane gano ko suna da kayan da abin ya shafa. A Satumban 2023 aka maimaita da libwebp: Chrome da Firefox sun yi gyara cikin kwanaki, amma kowace manhajar da aka gina a kan Electron, tushen gina manhajar tebur da ke ɗauke da injin Chrome a cikinsa, tana ɗauke da nata kwafin, kuma sai mai ita ya ga dama ya fitar da sabuwa. A kwatanta wannan da Heartbleed na Afrilun 2014, ɓarakar da ta shafi OpenSSL daga 1.0.1 zuwa 1.0.1f. Duk da girman bala'in, mai kula da sabar Debian ko Ubuntu ƙunshi ɗaya ya sabunta, ya sake tayar da ayyukan da ke amfani da shi, duk suka warke tare. Sake tayarwar tana da muhimmanci, domin manhajar da ke gudana tana ci gaba da riƙe tsohon kwafin a ma'adana har sai an kashe ta an kunna. Na'urori da manhajojin da suka ɗauki nasu kwafin su ne suka daɗe a buɗe. Wannan ne ya sa ƙa'idojin Debian suke hana ƙunshi ya yi amfani da kwafin laburaren da ya ɓoye a cikinsa alhali akwai na tarayya.

Kada a ɗauka tarayya ba ta da nata haɗarin ta fuskar tsaro. A ƙarshen Maris na 2024 wani injiniya mai suna Andres Freund ya lura shiga ta SSH, hanyar shiga kwamfuta daga nesa, na cin ƙarfin kwamfuta fiye da kima, yana kuma jinkiri da kusan rabin daƙiƙa, da ya bi sawu sai ya gano ɓarauniyar hanya da aka dasa a liblzma na xz, sigogi 5.6.0 da 5.6.1. Manhajar sshd, mai karɓar shiga ta SSH, ba ta buƙatar wannan laburare na matse bayanai kai tsaye, amma a wasu rassan Linux an haɗa ta da libsystemd, shi kuma yana jawo liblzma, sai guba ta bi igiyar dogaro ta isa inda ake so. An yi sa'a an gano abin kafin ya shiga tabbatattun sigogin Debian da Ubuntu. Abin da ya nuna shi ne rijiyar da kowa ke sha, idan aka zuba mata abu, kowa ne ke kwankwaɗa.

To, yaya za a yanke? Ma'aunin da na fi amincewa da shi shi ne a duba abu biyu: shin laburaren yana karɓar bayanai daga baƙi, kuma shin akwai wanda ya ɗauki nauyin sabunta na tarayyar? Laburaren da ke kulle sadarwa ko yake buɗe hoto, bidiyo da takardun da suka zo daga intanet shi ne wanda za a fi buƙatar yi wa faci da gaggawa. Idan manhajar za ta shiga ma'ajiyar Debian, Fedora ko makamantansu, inda akwai ma'aikatan tsaro masu bin irin wannan, tarayya ce amsa ba tare da dogon tunani ba. A Windows da macOS babu wani OpenSSL na kowa da kowa da za a jingina da shi, don haka abin da ya fi shi ne a yi amfani da kayan kulle sadarwa na tsarin kansa inda hakan zai yiwu, wato a mayar da buƙatar ajin farko. Idan ba zai yiwu ba sai guzuri, kuma wanda ya yi guzuri ya sani ya ɗaura wa kansa aikin bin sanarwar tsaro da fitar da sabuwar siga muddin manhajar na raye. Laburaren da ba ya hulɗa da baƙi, ƙarami ne, kuma ba ya yawan canjawa, narkar da shi ba laifi. SQLite misali ne mai kyau, domin masu shi da kansu suna raba shi a matsayin fayil ɗaya, sqlite3.c, domin a harhaɗa shi cikin manhaja.

Tsakanin guzuri da narkarwa, guzuri ya fi ta wajen bayyana: mai kula da kwamfutocin ma'aikata yana iya bincika faifai ya ga fayil ɗin da lambar sigarsa, har ya musanya shi idan ta kama, alhali abin da aka narkar ya ɓace daga gani. Amma guzuri yana da nasa ramin. Windows yana fara duba foldar da manhaja take kafin ya duba ta tsari, ga duk fayil da ba ya cikin KnownDLLs, saboda haka mai-girkawar da aka kunna daga foldar saukarwa yana iya loda wani mugun DLL da aka riga aka jefa a wurin da sunan na kirki. Don irin wannan ne ya sa mai-girkawa da ƙananan kayan aikin da ake kunnawa daga ko'ina suka fi dacewa da narkarwa, tare da taƙaita wuraren nema ta hanyar SetDefaultDllDirectories. Linux akasin haka yake: ba ya duba foldar manhaja sam sai an rubuta masa hakan a jikin fayil ɗin ta RUNPATH da alamar $ORIGIN. Masu gajen haƙuri sukan yi amfani da LD_LIBRARY_PATH a maimakon haka, sai saitin ya bi duk wata manhajar da aka kira daga ciki, ya sa ta lodi kayan da ba nata ba.

Lasisi ma yana yanke wasu shari'o'in tun kafin a kai ga batun fasaha. Laburaren da ke ƙarƙashin LGPL, kamar glibc da yawancin sassan Qt, yana buƙatar a bar wa mai amfani damar musanya shi da wani kwafin da ya gyara. Da fayil na daban wannan sharaɗi yana cika cikin sauƙi, amma wanda ya narkar a cikin manhajar da ba ya son buɗe rubutunta, sai ya ba da kayan da za a iya sake haɗawa da su. Masu lasisin MIT, BSD ko na zlib ba su da wannan takura.

Batun girma da cin ma'adana, wanda shi ne asalin dalilin ƙirƙiro tarayya a zamanin da kwamfuta ke da megabait kaɗan, yanzu nauyinsa ya ragu amma bai ɓace ba. Laburaren da manhajoji hamsin ke amfani da shi a lokaci ɗaya, kwafi ɗaya na umarninsa ne ke zaune a RAM, wannan riba ce ta gaske. Laburaren da manhaja ɗaya tak ke amfani da shi kuwa, tarayyarsa suna ce kawai, narkarwa ma tana iya fin ta ƙanƙanta tunda abin da ake buƙata kaɗai ake ɗiba.

Ga mai raba manhajar tebur a Linux ba ta ma'ajiyar kowane reshe ba, akwai matsakaiciyar hanya da ta cancanci a duba. Flatpak yana ajiye manyan kayan gama-gari a wani tushe da manhajoji ke tarayya a kai, na Freedesktop ko na GNOME ko na KDE, wanda ake sabuntawa daban, sannan kowace manhaja ta yi guzurin abin da tushen bai ƙunsa ba. Snap na kamfanin Canonical yana yin kusan haka da tushe irin su core22, wanda aka ciro daga Ubuntu 22.04. AppImage guzuri ne zalla a fayil ɗaya, ya fi sauƙin ɗauka a filashi, amma babu wani tushe da ke karɓar faci a madadinsa. Kuɗin da ake biya a Flatpak shi ne saukarwar farko, wadda kan kai ɗaruruwan megabait saboda tushen, ko da manhajar kanta 'yar ƙarama ce. Manhaja ta biyu da ta uku a kan tushe ɗaya ba sa maimaita wannan.

Duk wannan rarrabawa tana farawa ne da ganin jerin abin da manhajar ke nema, kuma kowane tsari yana da abin dubawa. A Windows umarnin dumpbin /dependents ne, a macOS otool -L, a Linux kuma ldd, sai dai littafin jagorar ldd da kansa ya yi gargaɗin kada a gwada shi a kan fayil da ba a amince da shi ba, domin a wasu yanayi yana iya gudanar da abin da ke ciki. Umarnin readelf -d kuwa yana nuna sunayen da ake nema kai tsaye ba tare da kunna komai ba. Waɗannan kayan aiki ba sa ganin fayilolin da manhaja ke lodawa da kanta bayan ta tashi, ta LoadLibrary ko dlopen, don haka gwajin ƙarshe shi ne a girka manhajar a kan sabon tsarin da ba a taɓa saka masa kayan harhaɗawa ba, mafi tsufan sigar da aka yi alkawarin tallafawa, a kuma cire masa intanet kafin a danna ta.